Fatun Burkin Baya

Tun daga gadar Binuwai na fara jin kukan,
siriri, kamar ana wasa wuƙa a bayan gida.
Na ƙara muryar rediyo.
Kwana tara ina yi wa kunnena ƙarya.

Ran Laraba na kai ta wurin Sajo, a Yelwa,
ƙarƙashin dalbejiyar da ta sha baƙin mai har ta saba.
Bai ja gaisuwa ba.
Ya tokare gaba da dutse, ya ɗaga jak,
noti huɗu suka zauna a murfin wili kamar goro a faranti,
ya zare taya.

"Duƙo ka gani."
Na duƙa, gwiwata ta yi nata ƙaran.
Fatar ta cinye, saura kaurin farce,
ƙarfe ya fara lasar ƙarfe,
faifan ya yi zane kamar gonar da aka yi wa huɗa.
"Malam Dairu, da wannan za ka sauko dutsen Mbe?
Da iyali a ciki?"
Na kalli takalmina don kunya.

A shagon Kamdem kwali uku suka hau kanta.
Na farko jaka huɗu, ya fi kowa ƙyalli,
sai dai sunan kamfanin ya yar da harafi ɗaya a hanya.
Na biyu cire ne daga wata 'yar Beljik,
"da sauran rai," in ji shi, bai ce nawa ba.
Na uku jaka goma sha biyu, ko dala babu ragi.
Sajo ya ɗora tsohuwa kan sabuwa, kunne da kunne,
ya auna nauyi a tafi, ya karta da ƙusa,
ya tura mini na ukun bai ce uffan ba.
Kuɗin tabarau ne a aljihuna.
To, ido ya jira wata mai kamawa,
gangara ba ta jiran albashi, ba ta san magiya.

Na ce, "Hagu ce ke kuka, mu canza hagu."
Har yaron shagonsa sai da ya dara.
"Ka taɓa kai wa baduku ƙafa ɗaya?"

Na zauna kan tsohon batir ina kallo.
Ya kankare tsatsa da burushin waya,
ja-jan gari na zuba kan yatsun ƙafarsa.
Fistan baya, in ji shi, ba a yi masa dole,
murɗa shi ake, ana turawa, ana lallashi,
kamar mai da akuya turke da magariba.
Giris kaɗan a kan fil,
ko ɗigo kada ya taɓa fuskar fata.
Ya leƙa man burki, ya ɗaure, ya sake ɗaurewa,
ya sauke ta ƙasa a hankali
kamar mai kwantar da majinyaciya.

"Shiga ka taka, kada ka tayar."
Takun farko ya nutse har ƙasa,
cikina ya bi shi.
Taka. Saki. Taka.
A na biyar feda ta tsaya ta yi mini gardama,
ban taɓa jin daɗin gardama haka ba a duniya.

Na gaba ke shan yabo, in ji Sajo yana wanke hannu da fetur,
su ke dama, su ke ƙarewa da wuri, kowa na duba su.
Na baya aikinsu riƙe wutsiya,
kada mota ta juyo ta kalli inda ta fito.
Sai Yaya Dudu ta faɗo mini,
shekara talatin tana riƙe da gidanmu ta baya,
ba wanda ya duƙa ya duba
sai ran da muka ji ƙaran, a asibiti.
Na biya shi. Ban nemi ragi ba, ko sau ɗaya.

Ran Lahadi, dawowa daga Ngaundere,
lamba biyu, kwana bayan kwana,
tirelar auduga na huci a gabanmu,
rami a dama, buhun doya a but,
Asta ta jingina da gilashi tana barci,
jikarmu a cinyarta, baki duk mangwaro.
Na kashe rediyo.
Na taka.
Shiru, sai iska da taya.